Taufik Hidayat: Daga Filin Badminton Zuwa Kujerar Mataimakin Minista

Assalamu alaikum, Malam Edita.

Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da sauran ma'aikatan wannan jarida, muna roƙon ka ba mu fili mu yi wa masu karatu bayani a kan Taufik Hidayat, zakaran badminton na ƙasar Indonesiya, wanda Shugaba Prabowo Subianto ya rantsar a matsayin mataimakin ministan matasa da wasanni ranar 21 ga Oktoba, 2024. Mu masu wannan wasiƙa masu horar da 'yan badminton ne da masu alƙalancinsa. Duk sanda tauraron wasa ya hau kujerar mulki, mutane kan rabu biyu. Wasu su ce ya cancanta tunda ya ciyo wa ƙasa zinare, wasu su ce ina ruwan ɗan wasa da ofis. A ganinmu abin da ya kamata a duba shi ne ko mutumin ya san hanyar da ake bi a raini yaro har ya zama zakara, ya san inda hanyar take lalacewa, kuma yana da ikon gyara ta. Taufik ya bi wannan hanya da ƙafarsa, ya yi rigima da masu riƙe da ita shekara da shekaru, yanzu kuma an miƙa masa wani ɓangare nata.

An haife shi ranar 10 ga Agusta, 1981 a Bandung, ya tashi a Pangalengan, garin manoma da ke kan tsaunuka a kudancin birnin. Tun yana ƙarami aka kai shi kulob ɗin SGS da ke Bandung, inda ya faɗa hannun Iie Sumirat, tsohon ɗan wasan ƙasar na shekarun 1970 wanda ya yi suna wajen yaudarar abokin karawa da wuyan hannu. A Indonesiya matakan a jere suke. Yaro ya fara a ƙaramin kulob, ya samu shiga babba irin Djarum na garin Kudus, ko Jaya Raya na Jakarta, ko SGS, ya tara maki a gasannin zagayen ƙasa, ya tsallake gwajin tantancewa, sannan hukumar badminton ta ƙasa, wato PBSI, ta kira shi sansanin horo na Cipayung da ke gabashin Jakarta. A can ma akwai ajin ƙanana da na manya, kuma duk shekara ana ɗaga wasu, ana sallamar wasu. Taufik ya shiga Cipayung a 1996, ya haɗu da koci Mulyo Handoyo. Yana ɗan shekara 17 ya kai wasan ƙarshe na gasar All England a 1999, Peter Gade na Denmak ya doke shi. A 2000 ya sake kaiwa, Xia Xuanze na Sin ya doke shi. A shekarar ce ya hau mataki na ɗaya a duniya. Wannan kofi na Ingila dai bai taɓa ɗaukarsa ba har ya yi ritaya.

Domin mai karatu ya gane gwanintarsa, sai ya san yadda filin yake. Tsawonsa mita 13.40 ne, faɗinsa a wasan mutum ɗaiɗai mita 5.18, tsayin raga kuma mita 1.55 a bakin turaku, 1.524 a tsakiya. Ƙwallon gashi ne guda 16 na dinya ko na agwagwa da aka kafa a kan gindi mai taushi, nauyinta tsakanin giram 4.74 da 5.50. Tana barin raket da gudun tsiya, amma gashin yana kama iska, sai ta rage gudu nan da nan ta faɗo kusan a tsaye. Kafin wasa akan gwada ta: a buga ta da ƙarfi daga ƙasa a kan layin baya, dole ta sauka tsakanin milimita 530 da 990 kafin layin baya na ɗaya gefen. Zafi da tudun wuri suna ƙara mata gudu, iskar na'urar sanyaya ɗaki tana karkatar da ita. Saboda wannan hali nata, wanda ya riga kai wa ƙwallo tun tana sama shi ke da wasa. Wanda ya bari ta sauko ƙasa da bakin raga ba shi da zaɓi sai ya ɗaga ta, kuma ɗaga ta gayyatar duka ce.

Kusurwar da kowa ke tsoro ita ce ta baya a gefen hagu, ga mai riƙe raket da dama. Yawancin 'yan wasa sukan ƙara taku biyu su lanƙwasa jiki su bugo ƙwallon ta saman kai, don kada su yi bugun bayan hannu. Taufik kuwa daga wannan kusurwa yake kashe ƙwallo. An ruwaito an auna dukansa na bayan hannu a kilomita 206 cikin awa, na gaban hannu kuma 305 a gasar duniya ta 2006. Ga yadda bugun yake. Ɗan wasa zai juya wa raga baya, ƙafar dama ta taka zuwa kusurwar. Babban yatsa ba ya kwanciya a faffaɗan gefen mariƙin raket kamar yadda ake yi idan ƙwallo tana gaba, sai ya koma kan siririn gefen da ke karkace, domin wuyan hannu ya samu sakewa. Gwiwar hannu ce ke fara tashi, kan raket yana rataye ƙasa, yatsu a sake. Sai sangalin hannu ya murɗa waje da sauri, yatsu su matse mariƙin daidai lokacin haɗuwa da ƙwallo, a can sama iya miƙewar hannu, sannan a tsayar da raket ba tare da dogon rakiya ba. Kuskuren da muke gani kullum uku ne. Na farko matse raket tun daga farko, wanda ke kashe murɗawar, ya tura nauyin kan gwiwar hannu har ta fara ciwo. Na biyu jinkiri, a bar ƙwallo ta wuce kafaɗa ta sauko. Na uku yunƙurin bugawa da ƙarfin kafaɗa gaba ɗaya. Duk ukun sakamakonsu ɗaya: ƙwallo ta tsaya a tsakiyar filin abokin karawa, ya sauke ta a ƙafarka. Wannan bugu ba a koyonsa a wata uku. Yana son koci ɗaya mai haƙuri da zai riƙa gyara riƙon yatsa shekara bayan shekara, kuma a nan ne rigimar Taufik da hukuma ta samo asali.

A farkon shekarun 2000 PBSI ta raba shi da Mulyo Handoyo. Kocin ya tafi Singafo, Taufik ya bi shi, har aka fara maganar zai riƙa buga wa Singafo wasa. An lallashe shi ya dawo, kuma kafin gasar Olamfik ta 2004 aka dawo masa da kocinsa. A Atens bai shiga cikin jerin waɗanda aka sa wa rai ba. Ya fitar da Wong Choong Hann na Maleshiya, ya fitar da Peter Gade, ya fitar da Boonsak Ponsana na Tailan, sannan ya haɗu da Shon Seung-mo na Koriya ta Kudu a wasan ƙarshe. Shon ya yi masa nisa a farkon turmin farko, amma Taufik ya kamo shi ya gama da shi 15-8, 15-7. A 2005, a Anaheim ta Amurka, ya ci gasar duniya bayan ya lallasa Lin Dan na Sin 15-3, 15-7. Ya ci zinaren babbar gasar wasannin nahiyar Asiya, wato Asian Games, sau biyu, a Busan a 2002 da Doha a 2006, ya ɗauki gasar Indonesia Open sau shida, yana kuma cikin tawagar da ta ci kofin Thomas, wato gasar duniya ta tawagogin maza, a 2000 da 2002. Wasan Doha yana da wani muhimmanci, domin a 2006 aka sauya lissafi daga maki 15, inda mai sabis, wato mai fara bugo ƙwallo, kaɗai ke cin maki, zuwa maki 21, inda kowace ƙwallo maki ce. Sabon tsarin ba ya yafe wa mai jinkirin shiga wasa, kuma Taufik an san shi da wannan hali. Duk da haka ya doke Lin Dan 21-15, 22-20.

Ba za mu ɓoye zafin ransa ba. A Busan, a wasan ƙarshe na tawagogi da Koriya ta Kudu, ya bar fili na wani lokaci saboda hukuncin masu duba layi. A Hong Kong a 2006 ya tattara kayansa ya fita ana 'yan mintuna da fara wasa da Lin Dan, kan irin wannan dalili. Fita daga fili laifi ne, ba ma koya wa yaro haka. Sai dai ƙorafin nasa yana da tushe, domin a lokacin idon mai duba layi ne kawai hujja, sau da yawa kuma ɗan ƙasar da ake wasan ne. Sai a ƙarshen 2013 hukumar badminton ta duniya ta fara ba ɗan wasa damar ƙalubalantar hukuncin layi a duba hoton na'ura. A 2009 ya fice daga Cipayung gaba ɗaya, ya koma neman masu ɗaukar nauyinsa da kansa, yana biyan koci da tikitin jirgi da masauki. A haka ya kai wasan ƙarshe na gasar duniya a Paris a 2010, Chen Jin ya doke shi. Ya buɗe cibiyar horo mai ɗauke da sunansa a Ciracas a 2012, ya ajiye raket a watan Yuni na 2013.

Ƙofar gwamnati ba baƙuwa ba ce gare shi, domin surukinsa Agum Gumelar tsohon janar ne, tsohon minista, kuma ya taɓa shugabantar kwamitin wasanni na ƙasa, KONI. Taufik ya zama mataimakin shugaban Satlak Prima, shirin gwamnati na shirya manyan 'yan wasa, daga 2016 zuwa 2017, daga nan ya zama mai ba da shawara a ma'aikatar wasanni. A nan ya gamu da abin da raket ba ya maganinsa. Hukumar yaƙi da cin hanci ta ƙasar, KPK, ta gurfanar da ministan wancan lokaci, Imam Nahrawi, kuma a watan Yuni na 2020 kotu ta ɗaure shi shekara 7 kan cin hancin da ya shafi tallafin da ma'aikatar ke ba KONI. A watan Mayu na shekarar Taufik ya tsaya a matsayin shaida, ya amsa cewa ya taɓa karɓar rupiya biliyan 1 daga wajen jami'an shirin ya miƙa wa hadimin ministan, Miftahul Ulum. Ya ce aike aka yi masa. Ba a tuhume shi da laifi ba, kuma adalci ne a faɗi haka. Daga baya ya fito fili ya ce ɓeraye sun cika ma'aikatar, sai an rushe rabin ginin kafin ta gyaru.

Muna jan hankali a kan wannan domin tarko ne da ke jiran duk tauraron da ya shiga ofis. Kuɗin gwamnati yana da hanyarsa: buƙata a rubuce, amincewar mai ikon sa hannu, turawa daga asusu zuwa asusu, rasit, sannan rahoton yadda aka kashe. Duk kuɗin da ya bar wannan hanya ya koma tsaba a jaka, to akwai dalilin da ya sa ba a son ya bar sawu. Masu irin wannan harka suna son ɗan aike mai farin jini wanda ba wanda zai tsayar da shi ya tambaye shi. Ɗan wasa kuma an tarbiyyantar da shi tun yana yaro a kan in babba ya ce yi, ya yi. Wannan ɗa'a da ke gina shi a fili ita ce ke iya jefa shi a rami a ofis. Shi kansa shirin Satlak Prima an rushe shi a watan Oktoba na 2017, aka koma tura kuɗin horo kai tsaye ga hukumomin wasanni, domin ƙorafin jinkirin alawus da kayan aiki ya yi yawa.

Siyasar jam'iyya ya fara taɓa ta a 2018 da jam'iyyar Demokrat, bai daɗe ba ya janye. A zaɓen 14 ga Fabrairu, 2024 ya tsaya takarar majalisar wakilai ta ƙasa a jam'iyyar Gerindra ta Prabowo, a mazaɓar Jawa ta Yamma ta 2, wadda ta ƙunshi gundumomin Bandung da Bandung ta Yamma, wato mahaifarsa. Bai ci ba. Wanda bai san tsarin zaɓensu ba zai yi mamaki, amma lissafin a fili yake. Majalisar tana da kujeru 580 a mazaɓu 84, mazaɓarsa tana da 10. Sai jam'iyya ta samu kashi 4 cikin 100 na ƙuri'un ƙasa kafin a sa ta a rabo. Daga nan a haɗa duk ƙuri'un jam'iyya da na 'yan takararta a mazaɓar, a raba da 1, da 3, da 5, da 7, a jera sakamakon dukan jam'iyyu, manyan goma su ɗauki kujeru. A misali, jam'iyyar da ta tara 450,000 tana neman kujerarta ta biyu da 150,000 ne kawai, don haka ƙaramar jam'iyya mai 160,000 za ta riga ta. Kujera ta biyu tana da tsada ke nan. Idan jam'iyya ta samu kujera, wanda ya fi yawan ƙuri'a a cikin 'yan takararta shi ke hawa. Babban abokin hamayyarka ɗan jam'iyyarku ne. A jerin Gerindra akwai Rachel Maryam, wadda ke wakiltar yankin tun 2009, a sauran jam'iyyu kuma akwai tsohon gwamnan lardin Ahmad Heryawan da tsohon mataimakin gwamna Dede Yusuf.

Ƙari a kan haka, a ranar mai zaɓe yana karɓar takardu biyar, kuma takardar majalisar wakilai babu hoton ɗan takara a kanta, sai tambarin jam'iyya da lamba da suna, ya huda da ƙusa. Fuskar da duk ƙasa ta sani ba ta bayyana a rumfar zaɓe. Kowace rumfa ba ta wuce masu zaɓe 300 ba, don haka mazaɓa ɗaya tana da dubban rumfuna, kowace tana son wakilin da zai zauna har a gama ƙirga ya riƙe kwafin sakamako. Farin jinin ɗan wasa a warwatse yake a faɗin ƙasa, zaɓe kuwa yana son mutanen da aka yi shekaru ana zuwa bikinsu da jana'izarsu a unguwa ɗaya. Wata takwas bayan faɗuwar, naɗi ya ba shi abin da akwati ya hana shi, ya shiga cikin mataimakan ministoci 56 na sabuwar gwamnati.

Aikin da ya tarar ba ƙarami ba ne. Badminton ce ta fara kawo wa Indonesiya zinaren Olamfik, a 1992, ta hannun Susi Susanti da Alan Budikusuma, kuma daga nan ta ci gaba da kawowa a kowace gasa in ban da ta Landan a 2012 da ta Paris a 2024. A Paris a 2024 tagulla ɗaya aka samu ta hannun Gregoria Mariska Tunjung. Jonatan Christie da Anthony Ginting, waɗanda su biyun suka kara a wasan ƙarshe na All England a watan Maris na shekarar, duk an fitar da su tun a rukuni. Ga mai horarwa wannan alama ce ta kuskuren tsara lokaci: an kai ƙololuwar ƙarfi a watan Maris alhali a ƙarshen Yuli ake bukatarta. Jadawalin gasannin duniya ya cika maƙil, manyan 'yan wasa dole ne su halarci manyan gasanni ko a ci su tara, kuma in ba a ware makonnin hutu da na gina jiki ba, gwiwa da agara ne ke biyan bashin. Tun zinaren Taufik na 2004 babu namijin Indonesiya da ya sake cin na mutum ɗaiɗai. Shi ma bai yi shiru ba a 2021, lokacin da ƙasar ta ci kofin Thomas a Aarhus bayan shekara 19 amma aka hana ɗaga tutarta saboda takunkumin hukumar yaƙi da ƙwayoyin ƙara kuzari ta duniya. Ya soki gwamnati a fili kan wannan sakaci na cika takardu da gwaje-gwaje. Yau shi kansa yana cikin ma'aikatar wasanni.

Akwai abin da muke yaba masa. Bayan an naɗa shi mataimakin shugaban PBSI a ƙarƙashin Fadil Imran, an dawo da Mulyo Handoyo Cipayung, mutumin da ya je Indiya a 2017 ya horar da ɗan wasanta Kidambi Srikanth har ya ci manyan gasanni huɗu a shekara ɗaya. A watan Mayu na 2025 kuma, da Jonatan Christie ya nemi barin sansanin ya koma cin gashin kansa, an rabu lafiya, yana ci gaba da wakiltar ƙasa. Wanda ya sha wuyar irin wannan fita a 2009 ne kaɗai zai san cewa baligi mai iyali ba a riƙe shi da dokar kwanan ɗalibai.

Akwai kuma abin da ba mu yarda da shi ba, wato riƙe kujera biyu. Ma'aikata ce ke ba hukumomin wasanni kuɗin horo, ita ce kuma ke bin sawun yadda aka kashe. Idan mataimakin minista shi ne mataimakin shugaban ɗaya daga cikin masu karɓa, wa zai tambayi wa? Masu ɗaga nauyi da masu hawan bango, waɗanda su ne suka kawo zinare biyun Paris ta hannun Rizki Juniansyah da Veddriq Leonardo, suna da haƙƙin su tabbata ba a fifita badminton a rabo ba. Mutumin da ya taɓa tsayawa shaida a shari'ar kuɗin wasanni ya fi kowa sanin amfanin raba mai bayarwa da mai karɓa. Shawararmu ita ce ya ajiye ɗaya.

Sauran aikin yana can ƙasa, inda kyamara ba ta zuwa. Rainon yara a Indonesiya ya dogara ne da kulob na kamfanoni, shi ya sa ƙasar ta girgiza a 2019 da Djarum ya ce zai dakatar da gwajin ɗaukar yara bayan saɓani da hukumar kare haƙƙin yara kan tambarin kamfanin taba. An sasanta, amma an ga yadda ginin ya jingina da bango ɗaya. Ga matsalar rage shekaru a takardar haihuwa, wadda ke sa ɗan 17 ya riƙa cin 'yan 15, a ɗauke shi zakara, ya kai ajin manya ya tsaya cik, yaran gaskiya kuma sun riga sun karaya sun bar wasan. Ga tsadar ƙwallon gashi, wadda a wasan manya ba ta wuce 'yan bugu kafin a sauya ta, kuma ƙaramin kulob a wajen tsibirin Jawa ba ya iya sayen isasshiya. A ƙa'idar da aka yi aiki da ita a Paris, ƙasa ba ta samun gurbi biyu a wasan mutum ɗaiɗai sai 'yan wasanta biyu suna cikin 16 na farko a duniya. Waɗanda za su nemi waɗannan gurabe a Los Anjeles a 2028 suna Cipayung yanzu, waɗanda za su neme su a Brisbane a 2032 kuma suna kulob, ana gyara musu riƙon babban yatsa. Muna fata wannan jarida za ta riƙa bibiyar sunayen da ke fitowa daga waɗannan wurare biyu, tare da rahoton kuɗin da ma'aikatar ke tura wa PBSI duk shekara.

Mun gode da filin da ka ba mu. Allah ya ƙara wa jarida ɗaukaka.

Wassalam,
Wasu masu horarwa da alƙalan wasan badminton.